Batir shida da zoben Baba

Lahadi da dare, cikin watan Mayu, unguwar Zariya, Maraɗi

Yau ko ƙofar gida ban wuce ba in ban da masallaci, amma jikina ya mutu kamar wanda ya wuni a gona. Motona mai aiki da batir na jingine a zaure, cikinsa wayam.

Tun da asuba abin ya faro. Na bi ta zaure zan fita sallah, sai wani wari ya tare ni, irin na ruɓaɓɓen ƙwai haɗe da na robar da ta sha zafi. Na duba caja, fitilarta na nan ja. Tun bayan la'asar ɗin jiya na jona ta, ya kamata a ce kafin tsakar dare ta koma koriya. Na ɗora tafin hannu a kan kujerar moto, na ji ta ɗau zafi kamar an shanya ta a rana, alhali gari bai ko waye ba. Na zare waya daga bango, na bar ƙofar zaure a buɗe, na tafi. A sahu ma hankalina na gida, Allah ya yafe mini.

Ina son moton nan, kuma har yanzu da nake rubutu ban daina son sa ba. Makarantar da nake koyarwa tana kan hanyar Tibiri, zuwa da dawowa kusan kilomita 20 kullum. Tun da Najeriya ta cire tallafin mai a watan Mayu na 2023, man ƴan ruwa-ruwa da muke saye a kwalba a bakin hanya ya daina araha. Ko da gwamnatin Nijar ta sauko da lita zuwa sefa 499 a 2024, albashin malamin firamare bai san da zaman ba. Da aka shiga wahalar mai a watan Maris na 2025, layi ya yi tsawo a gidajen mai, ni ban rasa aji ko na rana ɗaya ba. Sai dai ƴan makonnin nan ya fara ja da baya. Cajin da ke kai ni kwana biyu ya koma da ƙyar nake isowa gida. Na ce zafi ne, zai wuce. Ashe ruwa ba ya tsami banza.

Da hantsi na kira ɗan yayata. Ya yi karatun lantarki a makarantar fasaha ta Ɗan Kasawa, yanzu yana harhaɗa wa mutane farantan hasken rana. Ina gama yi masa bayani ya ce, "Kawu, kada ka buɗe, kada ka zuba masa ruwa. Tura shi gindin dogon yaro, ka hana yara zuwa wurin. Ga ni nan."

Ya iso daga Bagalam da ƴar jakarsa. Ya durƙusa ya gaishe ni, ya shiga ya gaida maiɗakina, sannan ya fito ya tsaya yana kallon hannuna na dama.

"Kawu, in za ka taimaka mini, sai ka cire zoben nan."

Zoben azurfa ne da mahaifina ya zo da shi daga Makka. Ranar da muka rufe shi yayata ta miƙo mini, na sa, shekara 11 ke nan ban cire ba. Na ce masa ai ba zan taɓa waya ba, riƙe fitila kawai zan yi. Ya sunkuyar da kai, cikin ladabi amma ba alamar zai janye, ya ce duk cikin ƙarafa babu wanda wuta ke bi da sauri kamar azurfa. In zoben ya haɗa kan batir da kile, wato ƙarfen kwance noti, ko na ƙiftawar ido, wutar da za ta bi ta cikinsa sai ta mai da shi garwashi, kuma yana manne da yatsa ba halin yar da shi. Ya ce ba jan wutar ba ne ya fi ba shi tsoro a aikin batir, ƙunar ce.

Zobe kuwa ya ce ba inda za shi. Yatsa ya yi ƙiba a cikinsa, ga zafi ya sa ya kumbura. Muka gwada sabulu, bai motsa ba. Maiɗakina ta kawo man gyaɗa a murfin kwalba, ta shafa, ta riƙa murzawa a hankali tana cewa, "Malam, saki hannun, kai ne kake riƙe shi." Da ya fito sai ga gurbinsa fari fat, ya lotsa kamar inda igiya ta ci bakin rijiya. Na daɗe ina kallon wurin. Ta ƙulle zoben a bakin zanenta.

Daga nan na zama ɗan kallo da miƙo kaya. Abin da ya fara yi shi ne ɗaukar hoton wayoyin da salula, ta sama da ta gefe, don kada a rikice ranar mayarwa. Ya zare makulli. Ya ɗaga kujera ya nuna mini wani ɗan makunni baƙi a lungu, wanda suke kira dijanktar, ya kashe shi. Shekara ɗaya da rabi ina hawa kan abin nan ban san yana nan ba. Ya mai da makulli ya murɗa, fitilar gaba ta ɗan yi haske ta mutu. Ya ce ragowar wutar da ke maƙale a akwatin da ke sarrafa injin ce ya zubar. Sannan ya naɗe kile mai lamba 10 da baƙin sikoc tun daga gindi, ya bar bakinsa kaɗai a waje. Ya shimfiɗa busasshen katako ya taka da takalmin roba, ya goge zufar hannunsa tas.

Da ya cire murfin na ga abin da nake zaune a kai kullum. Batir shida a jere, kowanne volt 12, an sarƙe su da gajerun wayoyi biyar, kan wannan zuwa gindin wancan, suka haɗu suka ba da 72. Huɗu daga ciki sun kumbura, cikinsu ya turo kamar buhun da aka danƙare da gero, sun matse juna ba ko wurin zura allura.

Ya fara da babbar baƙar waya, ya kwance ta, nan take ya naɗe bakinta da sikoc ya lanƙwasa ta gefe. Sai ja, ita ma haka. Abin da ya yi bayan nan ya burge ni ƙwarai. Bai bi su daga farko zuwa ƙarshe ba, sai ya kwance gajeriyar wayar tsakiya. Ya ce, "Yanzu babu 72 a nan, Kawu, 36 ne gida biyu." Ya ci gaba da rabawa har kowane batir ya koma shi kaɗai da 12 ɗinsa. Hannu ɗaya yake aiki da shi, ɗayan na bayansa. Kowane noti ya kwance sai ya miƙo mini in jefa a kwano, ba ya yarda a ajiye ƙarfe a kan batir ko na ɗan lokaci. Yaron nan ni na riƙe hannunsa ya rubuta baƙin farko a kan allo. Ana cewa abin da babba ya hango yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba, to yau shi ya hango mini, kuma na ji daɗin hakan har cikin raina.

Ya auna su ɗaya bayan ɗaya da mita. Biyar sun nuna 12 da ɗoriya, wasu har kusan 13. Ɗaya ya nuna 10.6. Ya ce ga mai laifin. A cikin kowane batir akwai ɗakuna shida, kowanne na ba da volt 2 da ɗan kai, to a wannan ɗaki ɗaya ya mutu. Ita kuwa caja ba ta san haka ba. Jira take jimillar ta kai wajen 88 kafin ta sassauta, jimilla kuwa ba za ta kai ba, sai ta yi ta ɗura wuta dare guda. Masu lafiyar suka ɗau zafi, zafin ya sa suka ƙara shan wuta, wutar ta ƙara musu zafi, har robar jikinsu ta yi laushi ta kumbura.

Ya tambaye ni yadda nake caji, na faɗa masa gaskiya. Ina dawowa daga makaranta, moto na huci, nake jona shi in dai akwai wuta, a zaure mai rufin kwano. Ɗabi'a ce da ta kama mu duka tun watan Agusta na 2023, lokacin da aka yanke wutar da ke zuwa mana daga Najeriya: da ta zo sai a jona komai, don ba a san lokacin tafiyarta ba. Ya ce irin waɗannan batura an auna ƙarfinsu ne a kan zafin digiri 25, kuma duk ƙarin digiri 10 yana cinye kusan rabin kwanansu. Mu kuwa a watan nan muna haura 40 a inuwa. Ya ce a bar moto ya huce awa ɗaya kafin a jona, a yi caji inda iska ke ratsawa, in an wuce awa 8 zuwa 10 fitila ba ta sauya ba a zare. Ya buɗe cajar ma, ƴar fankar cikinta ta toshe da ƙura.

Wannan ne ya ɓata mini rai, kuma har yanzu bai saki ba. Maganar da ba ta wuce numfashi uku ba, wanda ya sayar mini da moton bai faɗa mini ko ɗaya ba. Takardar da ta zo da shi Sinanci ce da Turancin Ingila, babu Faransanci balle Hausa. Motocin nan suna ƙaruwa a gari, mata na hawa, ɗalibai na hawa, saboda ba su da ƙara ba su da hayaƙi. Shirun nasu ne ke sa mutum ya saki jiki. Ɗakin da ƴaƴana ke kwana bango ɗaya ne tsakaninsa da zaure.

Ciro su ya fi kwance su wuya. Na ɗauko ƙarfen cire taya in ɗan ɓamɓara, ya riƙe hannuna. Ya ce in robar ta fashe, ruwan cikin asid ne, yana cin fata, yana makanta ido. Muka bar su su huce. Muka yi azahar, muka sha fura, ya ba ni labarin wani aikin famfon sola da suka yi wajen Madarumfa. Bayan la'asar ya kwance marfin gefe, ya zura siririn katako, muka zagaya igiyar guga a ƙarƙashin na bakin, wanda bai kumbura sosai ba. Shi yana girgizawa, ni ina ja. Da ya fito sauran suka sami sarari. Kowanne kusan kilo 7, duka sun haura 40. Moton da nake turawa da nishi ya koma kamar keke.

A ƙasan akwatin akwai farin gari da ya taru. Ya sa aka jiƙa kanwa, ya zuba kaɗan, wurin ya yi kumfa yana tsuwa, ya goge da tsumma ya ce a binne tsumman. Ana cikin haka autata ta sulalo ta miƙa yatsa za ta dangwali garin da ke kan ɗaya daga cikin baturan. Tsawar uwarta ce ta tsai da ita. Duk da haka sai da aka wanke mata hannu da sabulu sau biyu.

Dab da magariba wani yaro mai sayen gwangwan ya tsaya da kurarsa a ƙofar gida. Ban san wa ya tsegunta masa ba. Ya ɗaga batir ɗaya ya jijjiga, ya yi tayi mai kyau. Na tambaye shi me suke yi da su. Ya ce da gatari suke fasawa a wani fili, su tsiyaye ruwan a ƙasa, su ciro dalmar a kai wa masu narkawa. Bai wuce shekara 14 ba, tsaran ɗalibaina, tafin hannunsa baƙi ƙirin, ga ƙullin gyaɗa a aljihu yana ci. Sai na tuna Zamfara, nan maƙwabtanmu, a 2010, lokacin da gubar dalma ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Bagega da Dareta. Can daga dutsen zinariya da ake niƙawa a cikin gidaje ta fito, amma dalmar ɗaya ce, kuma ƙananan yara ta fi kamawa, ta taɓa musu ƙwaƙwalwa. Na ce masa ba na sayarwa ba ne. Na sa aka kawo buta da sabulu, na tsaya a kansa ya wanke hannu, na ce kullum ya yi haka kafin ya kai wani abu baki. Ya ce to, ya ja kurarsa ya yi gaba.

Ɗan yayata ya ce zai kai su shagon da ke karɓar tsofaffi a rufe yadda suke, a rage kuɗinsu daga na sababbi. Dole a sauya duka shidan, don in aka haɗa sabo da tsoho, tsohon zai ja sabon ƙasa. Ya kawo maganar batirin litiyom: akwati ɗaya ne mai hannu, nauyinsa bai kai rabin waɗannan ba, yana da ɗan allo a ciki da ke yanke wuta da kansa in ya cika ko ya yi zafi, ya kuma fi daɗewa. Amma sai da tasa cajar, kuma in aka sayi na banza ya kama wuta, kashe ta aiki ne. Na yi lissafi a bayan littafin darasi. Ba a watan nan ba.

Ya ci tuwo ya tafi, ya ƙi karɓar ko kuɗin kabu-kabu. Na ce Allah ya yi masa albarka, ya ce amin Kawu. Baturan na kan katako a ɗakin ajiya, kowane kai an rufe shi da sikoc, na sa kwaɗo. Gobe sai na yi sammako in tari kabu-kabu a bakin kwalta, ina da ƴan aji shida da ƙarfe takwas.

Ɗazu maiɗakina ta kwance bakin zanenta ta ba ni zoben. Na gwada mayarwa, ya tsaya a gaɓa ya ƙi wucewa. Ta samo baƙin zare ta zura shi, na rataya a wuya.