Kwamfutar Kawu da ta ƙi tashi

Ranar Asabar ɗin da ta wuce ina cikin karyawa sai ga yaron shagon Kawu a ƙofar gida, da kwamfuta ɗaure a bayan babur, an naɗe ta da tsohon zani. Saƙon da ya zo da shi gajere ne: "Kawu ya ce ka duba ta, in ta mutu ka faɗa masa gaskiya."

Kawuna yana da ɗan shagon buga takardu da fotokwafi kusa da wata makaranta a nan Kano, kuma wannan kwamfutar ce rabin abincinsa. Tun ranar Laraba ta ƙi tashi. Sun kai ta wurin wani mai gyara, ya danna maɓalli sau biyu, ya leƙa ciki, ya sunsuna, ya ce madabod ɗin, wato babban allon da duk kayan cikin kwamfuta ke haɗe a kansa, ya ƙone, a sayi wani. Ban ga laifinsa sosai ba. Mai shago da mutum biyar tsaye a kansa, canza allo ya fi masa sauƙi da riba a kan zaman bin diddigin wuta. Amma kalmar nan ta "ya ƙone" tana ba ni haushi, don ita ce ake shafa wa kowace irin mutuwa. Allon da ya ƙone da gaske za ka ga baƙin tabo, ka ji ƙauri. Wannan kuwa ƙura ce kawai ta yi masa bargo.

Ni ba injiniya ba ne, malamin makaranta ne da son kwance-kwance ya yi wa yawa. Kayan aikina mitar auna wuta ɗaya ce, da sukundireba, da buroshin fenti, da kwalin matattun alluna da Maman yara ta gaji da yi mini ƙorafi a kansu.

Na jona ta da wuta, na cire murfin gefe, na danna maɓalli ina kallon fankar da ke kan furosesa, wato ƙwaƙwalwar kwamfutar. Ta yi ɗan motsi, ko rabin zagaye ba ta kai ba, ta tsaya cak. Na sake dannawa, shiru. Sai da na zare wayar wuta, na jira, na mayar, sannan ta sake yin wannan ɗan motsin sau ɗaya. Wanda bai lura ba zai ce ba ta yin komai. Alhali wannan motsin ya riga ya ba ni labari mai yawa: maɓallin yana aiki, allon ya ji an danna shi, ya kuma umarci akwatin wuta ya tashi. Akwatin ya tashi, ya ci karo da wani abu, ya kashe kansa.

Bari in ɗan tsaya a nan, don wanda bai san yadda abin yake ba. Akwatin wutar kwamfutar tebur, wanda masu gyara ke ce wa fawa-fak, yana bin tsarin ATX da kamfanin Intel ya fito da shi a 1995. Babbar mahaɗarsa mai ramuka 24 ce, kuma launin wayoyin ba ado ba ne. Rawaya volt 12 ce, ja volt 5, mai ruwan lemo volt 3.3, baƙaƙe kuma su ne hanyar komawar wuta. Akwai shunayya guda ɗaya tilo wadda ba ta barci: muddin kwamfuta na jone, ko a kashe take, tana ɗauke da volt 5. Da wannan 'yar wutar allon ke zaman jiran a danna maɓalli. In an danna, sai allon ya haɗa koriyar waya da baƙa, akwatin ya saki sauran wutar gaba ɗaya. In komai ya daidaita, waya mai ruwan toka ta shaida wa allon cewa lafiya lau, furosesa ya fara aiki. Duk kwamfutar da ta ƙi tashi, a wani wuri cikin wannan jerin ta maƙale, aikinka shi ne ka gano a ina.

Na fara da akwatin. Na zare duk wayoyinsa daga allon, na lanƙwasa ƙarfen maƙale takarda, na cusa baki ɗaya a ramin koriyar waya, ɗaya a ramin baƙar da ke kusa da ita. Fankarsa ta ɗauka tana juyi abinta. Mita ta nuna 12.1 a rawaya, 5.0 a ja, 3.3 a mai ruwan lemo, shunayya kuma 5.05. Ƙa'ida ta yarda da hawa ko sauka na kashi 5 cikin 100, wato rawaya daga 11.4 zuwa 12.6, don haka babu abin zargi. Wannan gwajin ba hujja ce cikakkiya ba, don akwai akwatin da zai yi kyau babu kaya a kansa, ka ɗora masa kaya ya durƙushe. Saboda haka na kwance na tawa kwamfutar na jona. Motsin nan dai guda ɗaya, ta tsaya. To, akwatin Kawu ya fita daga zargi. Abu ɗaya da ba na yi shi ne buɗe cikin akwatin wuta. Manyan kafasitocin da ke ciki, wato ma'ajiyan wuta, suna riƙe wutar da ta haura volt 300, kuma suna iya riƙe ta bayan an zare waya.

Daga nan na bi ƙananan abubuwa da sauri. Batirin nan mai kama da kwabo, CR2032, ya nuna 2.9 maimakon 3, ba shi ne ba. Na zare ma'ajiyan bayanai, wato RAM da had-dis, da wayoyin USB na gaba. Na fito da allon gaba ɗaya na ɗora a kan kwali, don wani lokaci ɗan noti ne ke faɗawa bayansa ya haɗa wuta da jikin akwati. Na share ƙurar hunturu biyu ko uku da buroshi har sai da na yi atishawa. Na taɓa fil biyu na maɓallin kunnawa, wato 'yan tsinken ƙarfen da wayarsa ke shiga a kan allo, da bakin sukundireba. Babu abin da ya canza.

Lokacin kwance allon ne na lura da wani abu da ban ba shi muhimmanci ba sai daga baya: a kusurwar sama, kusa da furosesa, babu 'yar ƙafar tagullar da allo ke zama a kai. Ramin na nan, ƙafar babu. Wato wannan kusurwar a iska take reto tun ranar da aka haɗa kwamfutar.

A kusurwar nan akwai ƙaramar mahaɗa mai ramuka huɗu, rawaya biyu baƙi biyu, wadda aka shigo da ita zamanin Pentium 4 don ta ciyar da furosesa shi kaɗai. Na zare ta, na bar babbar kawai, na sake taɓa fil. Fanka ta tashi ta ci gaba da juyi. Ba za ta nuna hoto a haka ba tunda furosesa bai samu wuta ba, amma na san inda ɓarawon yake. Na kashe, na juya mita zuwa wurin da take ƙara in waya biyu sun haɗu, na ɗora baki ɗaya a fil ɗin rawaya na kan allon, ɗaya a na baƙa. Ta tsala ƙara ba ƙaƙƙautawa. Volt 12 na zubewa kai tsaye, shi ya sa akwatin ke kashe kansa kafin wani abu ya kama da wuta.

A nan gabana ya faɗi kaɗan. Furosesa ba ya shan volt 12, abin da yake sha bai wuce volt ɗaya da 'yan kai ba. Masu rage masa wutar su ne baƙaƙen 'yan murabba'an da ke jere a gefensa, mosfet, tare da naɗaɗɗun wayoyin da ke kusa da su. In mosfet na sama ya lalace ya haɗe, volt 12 na iya wucewa ta afka wa furosesan, shi ke nan an yi asara biyu. Na cire furosesan na sake aunawa, ƙarar na nan. Na auna tsakanin rawaya da bakin naɗaɗɗun wayoyin ɗaya bayan ɗaya, babu wanda ya haɗe. Hankalina ya ɗan kwanta, zargi ya koma kan kafasitocin da ke bakin shigar wuta. Dogayen masu kama da gwangwani babu wanda ya kumbura ko ya yi tsatsa a ka. Saura ƙananan masu ruwan ƙasa, kowanne bai kai ƙwayar shinkafa ba, sun fi goma, kuma duk a layi ɗaya suke, don haka kowanne ka ɗora wa mita ƙara zai yi. Mita ta kai iyakarta.

Da la'asar na saka allon a jaka na nufi kasuwar waya ta Farm Centre wurin wani abokina mai gyaran waya. Masu gyaran waya sun fi masu gyaran kwamfuta haƙurin irin wannan aikin, don su kullum da abin da ido ba ya gani suke kokawa. Ya kalli allon ya yi dariya, ya ce, "Malam, yau kuma babbar mota ka kawo garejin masu babur?" Yana da na'urar ba da wuta wadda kai ne za ka zaɓi yawan volt ɗin da kake so. Muka saita ta a volt 1 kacal, yadda ko wutar ta ɓulla inda ba a so ba za ta yi ɓarna ba, muka jona a fil ɗin rawaya da na baƙa. Ya ɗiga sifirit a kan jerin kafasitocin har wurin ya jiƙe yana sheƙi. Muka sunkuya mu biyu muna kallo. Ko'ina a jiƙe, sai wuri ɗaya, dab da mahaɗar nan mai ramuka huɗu, sifirit ɗin ya janye ya bushe kamar an hura shi. Ya sake ɗigawa, ya sake bushewa a nan ɗin dai. Duk wutar ta cikin wannan ɗan ƙwaron take bi, shi ya sa shi kaɗai ke zafi.

Ya shafa man dalma, ya kunna na'urar hura iska mai zafi. Allon kwamfuta yana da kauri da shimfiɗun tagulla a ciki masu shanye zafi, ya ɗauki lokaci fiye da yadda ya saba a waya, har ya fara tsaki. Can dalmar ta yi ƙyalli, ya ɗauke abin da ɗan hantsaki. Na ɗora mita a fil ɗin nan biyu. Shiru. Da muka sa shi a ƙarƙashin gilashin ƙara girma sai ga tsaga siririya ta ratsa shi ta gefe.

Sai a lokacin ƙafar tagullar nan ta faɗo mini a rai. Irin waɗannan kafasitocin da yumɓu ake yin su, ba sa jure lanƙwasa. Na kira yaron shago na tambaye shi ko an taɓa cikin kwamfutar kwanan nan. Ya ɗan yi jim, ya ce ranar Talata ya zare wayoyi ya hure ƙura, kuma ƙaramar mahaɗar ta yi masa gardama wurin mayarwa, sai da ya danna ta da ƙarfi. Ya danna a kusurwar da babu abin da ya tokare ta daga ƙasa. Ban gaya wa Kawu wannan ɓangaren ba, yaron gyara ya yi niyya.

Mun ciro wani mai girma ɗaya daga wuri irinsa a jikin wani mataccen allo da na taho da shi, don a tabbata zai jure volt 12, muka ɗora. A gida na mayar da furosesa da sabon man sanyaya shi, na samo ƙafar tagulla a kwalin tarkacena na ɗaura a ramin da babu, na haɗa komai. Na yi bisimilla na danna. Fanka ta juya, ta yi 'yar ƙara ɗaya, rubutu ya fito. Na bar ta a kunne har bayan isha'i, ina taɓa gefen mosfet ɗin lokaci-lokaci ko zan ji zafin da ya wuce kima.

Washegari Kawu ya zo da kansa. Na manna mataccen kafasitan a jikin farar takarda da salatif, na miƙa masa. Ya sa tabarau, ya kai takardar kusa da fuska, ya nisanta ta, ya ce, "Ɗan nan, wannan ɗin ne ya hana ni ciniki kwana huɗu?" Na ce shi ne, Kawu. Ya ninke takardar ya sa a aljihun gaba, ya ce zai nuna wa maƙwabcinsa mai shayi. Har ya hau babur yaron ya ɗaure masa kwamfutar a baya, sai ya juyo ya ce firintar ma ta fara cin takarda bibbiyu, gobe za a kawo mini ita.