Bashi a hannun maƙiyi

Wallahi wani fim mai dogon zango na Ingila ta zamanin da ya hana ni sukuni. Gidaje biyu ne ke gaba da juna, ɗaya masu asali ne da filayen gado amma aljihu ya bushe, ɗayan ɗan talakawa ne da ya kuɗance har ya buɗe banki. Abin da ya fi tsaya min a rai, mai bankin ko tsinke bai ɗauka ba, a ɓoye ya bi yana sayen takardun bashin abokin gabarsa daga hannun masu binsa, rana ɗaya kawai ya ce a biya shi duka. Kuma fa haka ake yi da gaske a lokacin, wanda ya kasa biya kurkuku ake kai shi, irin Marshalsea da ke Landan wanda aka rufe a 1842, ga shi fursunan ne ke biyan kuɗin ɗaki da abincinsa, to mutum a kulle ina zai samo? Sai a 1869 doka ta hana yawancin ɗaurin bashi.

Ni dai na kasa tsanar mai bankin gaba ɗaya. A wajen wata walima ya miƙa hannu aka bar shi da shi a miƙe, yana murmushi amma kofin hannunsa na rawa.

Waɗanda suka fi ba ni tausayi masu haƙar tagulla ne, manya na rigima a rufe mahaƙa, 'ya'yansu su kwana da yunwa, fim ɗin ma 'yan mintoci kawai yake ba su.