Ruwan da ke cikin bashin gida

Jama'a, mai neman rancen sayen gida kada ya tsaya a kan biyan wata kawai. A ɗauka rancen miliyan 1 ne, ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, na shekara 30. Duk wata za ka biya kusan 5,996. A watan farko 5,000 ruwa ne, 996 kacal ke rage uwar kuɗi, domin ana lissafin ruwan a kan abin da ya saura. Abin takaici, jimillar ruwan za ta haura miliyan 1.15, fiye da bashin kansa.

In shekara 15 ne, biyan wata ya kai kusan 8,439, amma jimillar ruwan ta sauko zuwa kusan 519,000. Kafin ka sa hannu, tambayi ko akwai tara in ka biya da wuri.