Tarihin Rayuwata, kashi na 14: Tsohuwar cikin talabijin

Makon jiya na tsaya a inda na samu aikin dare a gidan kula da tsofaffi a Manchester, bayan baban yaran nan ya tattara ya bar mu. Shekarun farko ba ni da abin faɗa a kansu. Wanka ne, magani, canjin zanin gado.

Abin da ya zauna min a rai shi ne falon gidan bayan cin abincin dare. In aka sako shirin barkwanci na talabijin The Royle Family, tsofaffin nan har masu gyangyaɗi sai su ɗago kai saboda Nana, kakar gidan. Wata da nake ba shayi da cokali takan kama hannuna ta ce in dakata tukuna, Liz Smith, mai fitowa Nana, ta fito. Ita ta fara ba ni labarin Liz, daga baya na bi diddigi da kaina.

A 1921 aka haife ta a garin Scunthorpe na Ingila. Uwarta ta rasu tana shekara biyu, uban ya tafi abinsa, kaka ce ta raine ta, kamar yadda Inna ta raine ni. Miji ma ya bar ta da 'ya'ya biyu. Tana dab da shekara 50, tana tallar kayan wasan yara a kantin Hamleys na Landan, darakta Mike Leigh ya saka ta a fim ɗinsa na farko, na 1971. Ba ta taɓa zama amaryar fim ba. Uwa ce, kaka, maƙwabciya. Amma ta ci kyautar BAFTA, babbar kyautar fina-finai ta Birtaniya, da fim ɗin 1984 da ta fito uwar jaruma Maggie Smith.

Inna kan ce rabon kwaɗo ba ya hawa sama. Da ita take rarrashina duk ranar da na dawo da kuka. Ita ta faɗa min ranar da Gwaggo ta zo har makarantarmu a Zariya, ina sanye da rawani da gemun auduga na fito a matsayin alƙali, ta janye ni daga dandali gaban kowa, wai 'yar gidan mutunci ba ta wasa a gaban maza. Shekarata 15. Gwaggo, Allah Ya jiƙan ki, na yafe, amma har yau in na tuna tafin da aka fara yi min kafin ki shigo, maƙogwarona ɗaci yake.

Ranar 24 ga Disamba 2016 Liz Smith ta rasu, tana da shekara 95. Ina bakin aiki na ji. Na shiga ɗakin wanki na rufe ƙofa, maganar Inna ce kawai ke yawo a kaina. Lokacin shekarata 48. Da gari ya waye na buga wa matar da ke shirya wasan kwaikwayo a taron matanmu na Sallah, wadda ta yi shekara uku tana roƙona ina ƙi. Na ce mata, Hajiya, in har yanzu babu mai fitowa kaka, ga ni.

Yadda muka kwashe da Yaya da ya ji labari, sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu.