Babin da Malam ya soke da jan biro

A shekarata ta ƙarshe a sashen tarihi na zaɓi rubuta kundina a kan yaƙin neman 'yancin Aljeriya, wanda aka gwabza daga 1954 zuwa 1962. Ba wani zurfin ilimi ne ya kai ni ba. Ƙanen babana ya daɗe yana fatauci tsakanin Agadas da Tamanrasset, kuma tun muna yara yake gaya mana cewa Aljeriyawa ba a ɓagas suka samu ƙasarsu ba, da jini suka ƙwace ta. Ni kuwa labarin maza nake so.

Babi na biyu na kai wa malamin da ke duba aikina, shafi kusan talatin, duk jerin arangama: rana kaza, dutse kaza, kwamanda wane. Har taswira na zana da hannuna, na raba ƙasar wilaya shida yadda FLN, ƙungiyar da ta jagoranci yaƙin neman 'yancin, ta raba ta. Bayan mako biyu aka dawo mini da shi. Shafin farko an ja masa layi daga kusurwa zuwa kusurwa, a ƙasa an rubuta: "To, wa ya ci?"

Na same shi a ofis, babu wuta, yana fifita da wani tsohon fayil.

"Malam, ai Aljeriya ce ta ci."

"A babin nan naka fa? Je ka ƙirga ka dawo."

Na ƙirga, jikina ya yi sanyi. Kusan duk babban karon da na lissafa Faransa ce ta yi rinjaye. A Janairun 1957 aka damƙa wa Janar Massu da sojojin laimansa birnin Aljiyas, suka murƙushe yajin aikin kwana takwas da FLN ta kira, suna ɓalle ƙofofin shaguna da ƙarfin tsiya. Da kame da azabtarwa suka bi tsarin ƙungiyar a unguwar Kasba mutum bayan mutum, kafin ƙarshen shekara sun tarwatsa shi. Larbi Ben M'hidi, ɗaya daga cikin shidan da suka kunna wutar a daren 1 ga Nuwamban 1954, a hannunsu ya mutu, suka ce wai rataye kansa ya yi. A iyakar Tunisiya suka kafa shingen waya mai lantarki da nakiyoyi, makamai suka daina shigowa yadda aka saba. A 1959 Janar Challe ya share tsaunuka tun daga yamma har gabas. Soja sama da 400,000 Faransa ta jibge. Duk da haka ita ce ta sa hannu a yarjejeniyar tsagaita wuta a garin Evian a Maris 1962, ta tattara ta tafi.

Sai da na koma laburare na gane cewa filin daga bai tsaya a tsaunuka ba. Labarin azabtarwar da ta ba Massu nasara shi ya raba kan Faransawa a gida. Ruwan bama-baman da jiragensu suka yi wa ƙauyen Sakiet Sidi Youssef na Tunisiya a Fabrairun 1958 ya jawo musu idon duniya, watanni kaɗan gwamnatinsu ta rushe, Janar De Gaulle ya dawo kan mulki. A Disamban 1960, lokacin da janar-janar ke cewa an gama da 'yan tawaye, talakawan Aljiyas suka cika tituna da tutar FLN. Ko ɗaya daga cikin waɗannan babu a babina, don ba su yi mini kama da yaƙi ba.

Amma abin da ya fi tsaya mini a rai yana shafi na goma sha tara. Can na rubuta cewa Abane Ramdane, ɗaya daga cikin shugabannin FLN, ya rasu a fagen fama, har na kafa hujja da jaridar El Moudjahid ta Mayun 1958. Malam ya kewaye sunan jaridar, ya rubuta a gefe: "Ta wa ce?"

Ta FLN ce. Abane kuwa ba harsashin Faransa ne ya kashe shi ba. Shi ne ƙashin bayan taron kwarin Soummam na Agustan 1956, inda aka ba ƙungiyar tsari da muƙamai, aka kuma kafa ƙa'idoji biyu: ɗan siyasa yana gaba da mai bindiga, sannan waɗanda ke cikin ƙasa suna gaba da waɗanda ke waje. Mutum ne mai kaifin harshe, ba ya tauna magana, kuma kanar-kanar ɗin FLN ba su yafe masa ba. A Disamban 1957 suka yaudare shi zuwa Maroko, mutanen Kanar Abdelhafid Boussouf suka shaƙe shi a wata gona. Wata biyar aka yi shiru, sannan aka buga masa ta'aziyyar jarumi. Ni kuma, bayan shekaru fiye da hamsin, na kwafe ƙaryar tsaf, har da lambar shafi, ina jin na yi bincike.

Kunyar wannan ce ta sa na fara karanta shugabannin nan a matsayin mutane. Daga nan na ci karo da Kanar Amirouche na wilaya ta uku, a tsaunukan Kabiliya, wanda ko abokan gaba ba su musanta jarumtarsa ba. Wani jami'in leƙen asirin Faransa, Kyaftin Léger, ya gano lagonsa. Sai a kama mutum, a nuna masa takardun bogi masu nuna cewa wane da wane 'yan rahoto ne, a sake shi ya koma daji da labari. Amirouche ya yarda. A 1958 ya shiga tsarkake rundunarsa, ana azabtar da mutum har ya ambaci suna, wanda aka ambata shi ma ya ambaci wani. Ɗaruruwa suka tafi a haka. Da yawansu ɗalibai ne da suka ajiye karatu a yajin Mayun 1956 suka hau dutse, kuma iya Faransancinsu shi ya zama abin tuhuma. Da na karanta wannan na rufe littafin na fita waje. Shekarunsu ba su wuce nawa ba.

Ƙa'idojin Abane biyu duka aka kifar. Rundunar da ke zaune bayan shingen waya, a Tunisiya da Maroko, ƙarƙashin Houari Boumediene, ita ta fito da ƙarfinta, alhali mayaƙan cikin gida sun ƙare a hannun Challe. A bazarar 1962 ta shigo, ta buɗe wuta a kan 'yan uwanta da suka tare hanya, ta ɗora Ben Bella kan mulki. A Yunin 1965 Boumediene ya sauke shi ya hau. Krim Belkacem, wanda ya sa hannu a Evian a madadin FLN, a ɗakin otal a Frankfurt aka tsinci gawarsa a 1970.

Na sake rubuta babin, ya dawo shafi goma sha huɗu. Taswirar da na sha wahala a kanta ta koma can ƙarshen kundi. Wannan karon Malam bai ce komai ba, sai waƙafi biyu da ya gyara.

Da na je gida hutu na zauna da Baffa a zaure bayan la'asar, na kwashe labarin Abane na gaya masa, har da cewa yanzu filin jirgin saman Bijaya sunansa yake ɗauke da shi. Ya daɗe yana jan carbi bai tanka ba. Can ya ce shi dai duk zamansa a Tamanrasset bai taɓa jin wani ya faɗi haka ba, ya miƙa hannu ya ƙara wa rediyonsa murya.