Azurfa da Tagulla: inda na kwana da kalandar duniyar nan mai wata biyu

'Yan'uwa masu sha'awar ƙirƙirar duniya don labari, yau sati uku ke nan ina fama da kalandar duniyar da nake ginawa don labarina, kuma sai a daren jiya lissafin ya fara zama daidai. Ga inda aka kwana, har da kuskuren da na tafka, ko wani zai tsira daga irinsa.

Duniyar tana da wata biyu. Babban fari ne tas, na sa masa suna Azurfa. Daga cikarsa zuwa wata cikar kwana 30 ne. Ƙaramin ja-ja ne, shi ne Tagulla, kwana 18 yake yi. Da farko shekarar ma kwana 360 na ba ta, don komai ya shiga cikin komai ba ragi. Na zana, na duba, na ji daɗi. Bayan kwana biyu sai na ga kalandar ta mutu murus. Kowace shekara kamar ta bara, babu abin da zai sa firist da manomi su yi gardama, babu abin da masanin taurari zai ci abinci da shi. Kalandun gaske kuwa duk daga rashin daidaito aka haife su. Watanmu yana ɗaukar kusan kwana 29.53 daga tsayuwa zuwa tsayuwa, sha biyunsa su ba da kwana 354 da ɗoriya, ita kuwa shekarar rana kwana 365 ce da kusan kwata. Tazarar nan ta kwana 11 ita ta sa watannin Hijira ke zagaya damina da rani, ita kuma ta sa kalandar Yahudawa ke ƙara wata guda sau bakwai a cikin shekara 19. Don haka na mayar da shekarata kwana 372, na bar kwana 12 suna reto.

Kafin nan akwai wani tuntuɓe da na yi. Na ɗauka lokacin da wata ke zagaya duniyarsa shi ne lokacin da ke tsakanin cika da cika. Ba haka ba ne. Namu yana gama zagayensa a kwana 27.32, amma kafin ya gama, duniya ta riga ta matsa gaba a hanyarta ta kewaya rana, sai ya ƙara kwana biyu da 'yan awoyi kafin ya sake fuskantar rana yadda yake a da. Mutanen labarina ba su da na'urar hangen nesa, abin da ido ya gani suke ƙirgawa, saboda haka 30 da 18 ɗin nan na cika zuwa cika ne. Ku tsayar da wannan tun farko, in ba haka ba za ku goge shafi huɗu kamar yadda na goge.

Sai na ɗauko littafi mai layi, na jera kwana 90 daga sama zuwa ƙasa, ina fara ƙirge daga washegarin daren da watannin biyu suka cika tare, domin 90 ce lamba mafi ƙanƙanta da 30 da 18 ke shiga cikinta ba saura. A gaban kowace rana na zana 'yan da'ira biyu, ina cike su da fensir gwargwadon duhun kowane wata. Aikin gajiya ne, gefen hannuna duk ya yi baƙi, kuma na san Excel, manhajar lissafi ta kwamfuta, zai yi shi cikin minti biyar in na sa shi ya fitar da ragowar rabawa. Amma da ban yi da hannu ba, da ban lura da layi na 45 ba. Ina isa wurin sai na ga na cike da'irar farko baƙi ƙirin, na matsa ta biyu, ita ma baƙi ƙirin. Na ɗauka na yi kuskure, na sake ƙirgawa da yatsa. Ashe daidai ne: a rana ta 45 Azurfa ya yi zagaye ɗaya da rabi, Tagulla ya yi biyu da rabi, duka biyun sun ɓuya a dare guda. Ni dai daren da za su cika tare nake nema, na samu kyautar daren da babu ko ɗaya a sama. Mutanen da suka saba kusan kullum akwai farin wata ko jan wata a kansu, yaya za su ji da dare irin wannan? Nan take na san a daren ne za a yi satar da labarin ke buƙata. Kuma tunda watannin biyu da rana suna kan layi ɗaya a wannan lokaci, teku zai yi tumbatsa fiye da kullum, sai birnin bakin ruwan ya rufe ƙofofinsa na ƙasa.

Sati kuwa da kansa ya fito. Shida tana raba 30, tana raba 18, tana raba 372, don haka satinsu kwana shida ne, shekara sati 62 cif.

Inda na maƙale yanzu shi ne kwana 12 ɗin nan. Zango huɗu na kwana 90 sun ba da 360, ke nan daren da watannin biyu ke cika tare yana zamewa baya da kwana 12 kowace shekara, ba zai koma ranar farko ta shekara ba sai bayan kwana 5,580, wato shekara 15. A cikinsu Azurfa zai cika sau 186, Tagulla sau 310. Ya tuna mini da mutanen Maya na tsohuwar Amurka ta Tsakiya, waɗanda ƙirgensu na kwana 260 da na kwana 365 ba sa sake haɗuwa sai bayan shekara 52.

Hanya biyu nake gani na cike kwana 180 da ragowar kwana 12 ɗin nan ke tarawa a shekara 15. Ko dai a riƙa cusa watan Azurfa guda sau shida a cikin shekara 15, shekara ta zauna kusa da lokacin shuka amma zangon ya daina farawa tare da ita, ko kuma a jira a cusa zango sukutum sau biyu, tsarin watannin ya tsira amma manomi ya ga sabuwar shekara ta gudu ta bar shi da wata biyu ko fiye. Raina ya fi kwanciya da kada in zaɓa. Masarautar tudu ta bi ta farko, matuƙan jirgin ruwa su bi ta biyu, duk wata takardar bashi a tsakaninsu ta ɗauki kwanan wata iri biyu. Wannan satin zan zauna in fitar da teburin juya wannan zuwa wancan, kuma a wannan karon kwamfuta ce za ta sha wahalar.