Gawon Bakin Kogi da Muryar Kaka

Ranar Juma'a na tarar da ɗan ƙanwata a bakin kogin Nilu nan Mai Wurno ta ƙasar Sudan, ya ɗaure waya a kan sanda. Wai gajeren fim zai yi, ba mutum ba magana, ruwa kawai da wucewar lokaci. Gabana ya faɗi.

Ina ɗan shekara 24 na yi irin wannan. Gawo na zaɓa, wanda Larabawan nan ke kira haraz. Itace ne mai taurin kai: da damina ya zubar da ganye, da rani ya yi kore shar. Shekara guda cur, duk Juma'a bayan la'asar, ina kafa kyamara a wuri ɗaya. Na ɗauki ruwa ya yi ja a watan Agusta da lakar Habasha, na ɗauki janyewarsa, na ɗauki awaki suna tsintar 'ya'yan gawon. Har yau ba na cewa aikin banza ne, wallahi akwai kyau a cikinsa.

Amma kakata takan biyo ni da tabarmarta. Ta zauna ta soma labarin da ta ji a bakin mahaifinta, yadda aka taso daga arewacin Najeriya bayan yaƙin Burmi da aka yi da Turawa a 1903, ana tafe ana binne mutane, har aka sauka bakin wannan ruwa. Ni kuwa sai in ce, "Kaka, ki ɗan yi shiru, ina ɗaukar ƙarar iska." Sai ta yi shiru tana jan carbi. Yaro ne ni, kuma babu wanda ya tsawatar mini. To amma ai ina da kunne. Damina ta gaba Allah ya yi mata rasuwa. Ina da minti 12 na gawo, ba ni da ko tarinta.

Ku yaran yanzu, kuna da waya a aljihu amma zaman minti biyar gaban tsoho ya gagare ku. Ku juya kyamarar ga tsofaffinku, yau, ba gobe ba. Ku bar itace, yana nan.

Kai kuma ɗana, kada ka watsar da fim ɗinka don na faɗi haka. Ka gama shi, mai haƙuri ne kawai ke iya kallon ruwa shekara guda. Amma kakarka tana gida yanzu haka tana tsince wake. Ka fara zuwa can.